Yadda ake kai rahoton kuskuren magani a asibiti, da yadda ake tare shi kafin ya isa gadon majiyyaci

Shekarata ta biyu da fara aikin nas, ina dutin dare, likita ya rubuta wa wani dattijo mai ciwon suga insulin. Abin da ya sa a katin magani shi ne 6U, wato yunit shida, amma kun dai san rubutun likita idan yana sauri, bakin U ɗin ya haɗe ya koma kamar sifili. Ni kuma ga barci, ga gadaje a cike, ga wani can ƙarshen ɗaki yana ta kiran sista sista, kawai na zuƙi sittin a sirinji na kama hanya. Babbar nas ɗin da muke tare tana zaune tana rubutu, ta ɗan kalli sirinjin da gefen ido ta ce, "Ke ƙanwata, nawa kika zuƙa haka?" Na ce sittin Anti. Ta ajiye biro. "Sittin? Ga dattijon da ko rabin abincinsa bai ci ba?" Ta karɓi katin ta kai shi ƙarƙashin fitila, ta buga wa likita waya, ya ce shi shida ya rubuta. Har yau in na tuna sai gabana ya faɗi.

Amma abin da ya fi damuna yanzu shi ne abin da muka yi bayan nan. Muka jefa sirinjin a kwalin allura, ta ce in dinga kula, na ce in sha Allahu, maganar ta mutu a tsakaninmu mu uku. Ba wanda ya cike fom, ba wanda ya faɗa wa famasi ko shugabar ɗaki. Likitan ya ci gaba da rubuta U ɗinsa yadda ya saba, kuma ai ba ni kaɗai ce nas mai jin barci da ƙarfe uku na dare ba, sannan ba kowane dare ne ake samun Anti mai kaifin ido a zaune kusa da kai ba.

Kuskuren magani ba wai sai an ba da maganin da ba shi ba kaɗai. Yana iya faruwa tun daga rubutun likita, ko wajen kwafe rubutun zuwa wani kati, ko a famasi wajen zubawa da liƙa takarda, ko a hannun nas wajen bayarwa, ko kuma bayan an bayar aka ƙi sa ido, misali a yi ta yi wa mutum allurar jentamaisin, maganin kashe ƙwayoyin cuta da kan taɓa ƙoda, kwana da kwanaki ba wanda ya duba ƙodarsa. Mantawa da ba da magani ma kuskure ne. Ya bambanta da illar da magani kan yi ko da an bayar daidai, ita ma ana kai rahotonta amma ta hanyar hukumar kula da magunguna. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa kurakuran magani na cin kusan dala biliyan 42 a shekara a duniya, shi ya sa a watan Maris na 2017 a birnin Bon na Jamus ta ƙaddamar da shirin rage mummunar cutarwar da za a iya kaucewa da rabi cikin shekara biyar. Kun ga ba matsalar asibiti ɗaya ba ce ko ƙasa ɗaya.

IN KUSKUREN YA RIGA YA FARU

Mataki na farko majiyyaci ne, ba fom ba, ba kuma tunanin yadda za ka kare kanka ba. In dirif ne ke shiga ka rufe shi nan take, amma kar ka cire kanula, wato 'yar robar da aka sa a jijiya, za a buƙace ta wajen ba da makari ko ƙarin ruwa. Duba numfashi, bugun zuciya, bifi wato awon hawan jini, iskar oksijin a jini, ka yi masa magana ka ga ko yana cikin hayyacinsa. In insulin ne ka gwada suga yanzu yanzu ka ci gaba da gwadawa a kai a kai, don wani insulin ɗin aikinsa na daɗewa, mutum zai iya zama garau yanzu nan da awa biyu ya sheme. In mofin ne ko danginsa, magungunan kashe raɗaɗi masu ƙarfi da kan rage numfashi, ƙirga numfashi da agogo a hannu, kar ka yi kintace. Kuma ka sani nalokson da ake karya mofin da shi yakan ƙare aiki kafin mofin ɗin ya bar jiki, saboda haka don ya farfaɗo ba yana nufin a bar shi shi kaɗai ba. Yana da kyau kowane ma'aikaci ya san inda makarai suke a ɗakinsa tun kafin ranar buƙata: gulukos na insulin, kalsiyom gulukonet na magniziyom salfet, furotamin na hefarin, bitamin K na wafarin (hefarin da wafarin magungunan hana jini daskarewa ne), asetilsistin na farasitamol. Likita ne zai ba da umarni, amma kai ne za ka ɗauko, kuma ranar ba ranar neman makullin kabad ba ce.

Na biyu, kira likita da shugaban duti, ka faɗi gaskiya tsagwaronta. Nan ne mutane ke fara kame kame, "likita dama jikin na gado na huɗu ne ya ɗan canza." A'a. Ka ce ga wanda nake magana a kansa, ga ciwon da ya kawo shi, an rubuta masa kaza na ba shi kaza da ƙarfe kaza ta jijiya, yanzu numfashinsa kaza bifinsa kaza, ina so ka zo yanzu. Likitan da bai san abin da ya shiga jikin mutum ba zai ɓata rabin awa yana laluben abin da kai ka riga ka sani.

Na uku, kar ka zubar da komai. Kwalbar allurar, sirinjin, ledar ruwan, kwalin maganin, duk ka haɗa su wuri ɗaya ka ajiye. In injin dirif ne kar ka goge saitinsa, ka rubuta abin da ke kan fuskarsa ko a ajiye injin gefe har masu gyara su duba, don wani lokacin laifin na injin ne. Katin magani kuma haramun ne a kankare shi ko a shafa masa farin goge rubutu ko a sake kwafe sabo a yaga tsohon. Wanda ya yi kuskure ana iya fahimtarsa, wanda ya gyara kati don ya ɓoye ya riga ya shiga wani babin daban, kuma in an gano ba mai iya tsaya masa.

Na huɗu, rubuta a foldar majiyyaci abin da aka ba shi da lokacin da aka ba shi, wanda aka sanar, abin da aka yi, da yadda jikinsa yake. Wannan don masu karɓar aiki ne, kar su zo su ƙara masa wani a kai. Wajen miƙa duti ma ka faɗa da bakinka.

Sai na biyar, cike fom ɗin rahoto, ko na takarda ne ko na kwamfuta, kuma ka cike kafin ka bar duti don gobe ƙwaƙwalwa ta fara gyara labarin da kanta. A nan zan ɗan tsaya saboda yawancin rahotannin da na taɓa gani ba su da amfani, ba don ƙarya aka yi ba sai don an rubuta su kamar takardar neman gafara ko ta kai ƙara. Wani zai rubuta "na yi sakaci, ba zan sake ba." Wata ta rubuta "famasi ne suka kawo ba daidai ba kamar yadda suka saba." Duka biyun ba abin da mai bincike zai tsinta a ciki. Abin da ake so shi ne irin haka: da ƙarfe 3:10 na dare na karanta kati, an rubuta 6U da hannu, na fahimce shi a matsayin 60, na zuƙa a sirinjin insulin, abokiyar aiki ta tsayar da ni kafin in bayar, mu biyu ne a ɗaki mai gado kaza, fitilar teburin magani ɗaya ta mutu, an katse ni sau biyu ina cikin haɗawa. Ka ga a nan akwai abubuwa huɗu da za a iya gyarawa, rubutun U, ƙarancin ma'aikata, fitila, da katsewa, kuma ba a zagi kowa ba. Ka sa sunan maganin kamar yadda yake a jikin kwalba, ƙarfinsa, lambar rukuninsa in matsalar ta shafi kwali ko kwalba, hanyar da aka bi aka bayar, da matakin da kuskuren ya fara. In fom ɗin yana da wurin shawara kar ka bar shi fili, kai da ke tsaye a wurin ka fi wanda ke ofis sanin abin da zai hana a sake.

Wasu asibitocin suna amfani da ma'aunin da aka tsara a Amurka mai haruffa daga A zuwa I. A shi ne yanayin da zai iya jawo kuskure ko da bai jawo ba, kamar kwalabe biyu masu kama da juna a aljihun tiroli ɗaya. B an yi kuskuren amma bai kai ga majiyyaci ba, irin nawa kenan. C ya kai amma bai cutar ba, D sai da aka sa ido don a tabbatar. Daga E zuwa H cutarwa ce, tun daga ta ɗan lokaci har wadda ta zama ta dindindin ko sai da aka yi ceton rai, I kuma rasuwa. Abin da nake so ku riƙe shi ne A da B ma ana kai rahotonsu, kai su ne ma mafi araha, don darasin ya zo kyauta ba wanda ya biya da lafiyarsa. Masu jiragen sama sun daɗe da gane haka, tun 1976 a Amurka suke da tsarin da matuƙi zai kai rahoton abin da ya kusa faruwa a asirce ba tare da an hukunta shi ba.

Na shida shi ne mafi nauyi a baki, faɗa wa majiyyaci ko danginsa. Ba ƙaramin ma'aikaci ake turawa shi kaɗai ba, babban likita da shugabar ɗaki ne za su zauna da su a wuri mai sirri, a zaune ba a tsaye a baranda ba. A faɗi abin da ya faru da harshen da za su gane, a ba da haƙuri na gaskiya, a faɗi abin da ake yi yanzu don lafiyarsa da alamun da za su lura da su, sannan a yi alkawarin dawowa da sakamakon bincike a kuma cika. Kar a yi hasashen abin da ba a tabbatar ba, kar kuma a ɗora wa wanda ba ya wurin. A Ingila tun 2014 doka ce ta tilasta wa asibitoci yin wannan bayanin. Ni a ganina ko babu doka hakki ne, jikinsa ne aka sa wa abu, kuma in an ɓoye ya koma gida ya ga alamar da bai san dalilinta ba wa zai gaya wa?

Akwai kuma shi wanda ya yi kuskuren. Hannunsa na rawa, kansa ba ya tare da shi, bai kamata a ce ya ci gaba da zagayen magani a wannan halin ba, a samu wani ya karɓa, a ba shi wuri ya zauna. In abu na farko da shugaba zai miƙa masa takardar tuhuma ce a gaban jama'a to wallahi duk wanda ya gani ya ɗauki darasi, kuma darasin da ya ɗauka shi ne gobe ya yi shiru. A watan Disamba na 2017 a jihar Tenesi ta Amurka wata nas ta je ɗauko maganin kwantar da hankali mai suna Versed daga kabad ɗin magani na kwamfuta, ta buga haruffa biyu VE, bai fito ba, ta tsallake shingen na'urar ta ɗauko vecuronium, maganin da ke shanye tsoka har numfashi ya tsaya. Majiyyaciyar ta rasu. Nas ɗin ta faɗi gaskiya tun farko, amma a Maris na 2022 kotu ta same ta da laifi, daga baya aka yanke mata shekara uku ƙarƙashin sa idon hukuma ba tare da kurkuku ba. Ba na cewa ba ta yi sakaci ba, akwai gargaɗi a murfin kwalbar, kuma gari ne da sai an dama alhali Versed ruwa ne. Amma ƙungiyoyin ma'aikatan jinya da yawa sun nuna fargabar cewa hukuncin zai sa mutane su daina faɗa, kuma ina tare da su. Dole a bambance wanda ya yi tuntuɓe, da wanda ya saba bin gajeriyar hanya don kowa haka yake yi a wurin, da wanda ya san haɗarin ya take doka da gangan ko ya zo aiki a buge. Na farko a rarrashe shi a gyara tsari, na biyu a zauna da shi a kuma tambayi me ya sa gajeriyar hanyar ta zama al'ada, na uku ne kawai mai hukunci.

Mataki na ƙarshe a wannan ɓangaren na kwamiti ne, likita da nas da mai harhaɗa magunguna su zauna tare. Tambayar ba wa ya yi ba ce, me ya sa ne, kuma a yi ta maimaita ta. Me ya sa ta karanta sittin? Don an rubuta U. Me ya sa aka rubuta U? Don katin ba shi da wurin da aka riga aka buga kalmar yunit. Me ya sa ba a yi mata duba na biyu ba? Don ba doka ba ce a ɗakin. Wani masani ɗan Ingila, James Reason, ya kwatanta kariyar asibiti da shinge bayan shinge, kowanne da 'yar ɓularsa, ba a cutuwa sai ranar da ɓulolin suka zo saitin juna. In binciken ya ƙare da "an ja kunnen ma'aikata su ƙara kula" to an ɓata lokacin kowa ne kawai.

YADDA AKE TARE SHI TUN DAGA NESA

A fara da biro. Kar a rubuta U, a rubuta kalmar gaba ɗaya. Kar a sa sifili bayan ɗigo, 1.0 in ɗigon bai fito ba ya zama 10. Amma a sa sifili kafin ɗigo, 0.5, don .5 kawai ana karanta shi 5. Maikurogiram a rubuta shi a cike, tsakaninsa da miligiram ninki dubu ne. Sunan magani ma a cike, an sha rikita gajarcen mofin salfet da na magniziyom salfet. Maganin da ake sha sau ɗaya a mako kamar metotireset na ciwon gaɓoɓi a rubuta ranar shansa ƙarara a soke sauran ranakun a kati, mutane sun mutu saboda an ba su shi kullum. In ba ka iya karanta rubutu ba kar ka tara abokan aiki kuna kacici kacici a kai, kira wanda ya rubuta ko da zai yi tsaki. Umarnin baki ko na waya kuma a bar shi sai gaggawa, in an yi ka rubuta nan take ka karanta masa, lambobin ɗaya bayan ɗaya, "sha biyar, ɗaya da biyar," ya ce eh.

Yara kuwa sai an ninka hankali. A auna nauyi da sikeli a kilo, ba kallon ido ba, ba "kamar zai kai kilo goma" ba, a rubuta nauyin a kan katin maganin kansa. Likita ya sa adadin kowane kilo da kuma jimillar da ya lissafa don wani ya iya bin lissafin. Ga misali ɗaya da ya sha cin jarirai: farasitamol na jijiya yana zuwa da miligiram 10 a kowane mil ɗaya, in an rubuta miligiram 30 mil uku kenan, wanda ya ruɗe ya ba da mil 30 ya ninka sau goma.

Sai ajiya, kuma nan ne gyara ya fi kama ƙasa saboda ba ya dogara da ƙwaƙwalwar kowa. Fotasiyom kulorayid mai kauri in aka tura shi jijiya kai tsaye yana tsayar da zuciya, kuma kwalbarsa ta yi kama da ta ruwan dama allura. Shekara da shekaru ana cewa a kula ana ta mutuwa, sai da aka ce a kwashe shi daga ɗakunan kwanciya a koma amfani da ledar ruwan da aka riga aka haɗa, a Ingila a 2002 aka fitar da wannan umarnin. Abin da ba ya cikin tiroli hannu ba zai ɗauko shi da kuskure ba. Haka aka yi da binkiristin, maganin daji da ke kisa in aka yi shi a ƙashin baya, aka koma zuba shi a ƙaramar ledar dirif maimakon sirinji don kar ma a iya haɗa shi da allurar baya. Ku zagaya ɗakinku da mutumin famasi ku zaƙulo magunguna masu kama da juna a suna ko a kwali ku raba musu wuri, a rubuta inda suka bambanta da manyan haruffa, DOPamine da DOBUTamine, hydrALAZINE da hydrOXYzine. Magani ɗaya mai ƙarfi biyu ma haka. A 2006 a jihar Indiyana jarirai bakwaini uku sun rasu saboda an yi musu amfani da hefarin mai yunit 10,000 a mil maimakon mai yunit 10 na wanke kanula, kwalaben sun yi kama, kuma shekara ɗaya bayan nan aka sake irin kuskuren a Los Anjalis.

Wajen bayarwa kowa ya haddace abubuwa biyar ɗin nan tun a makaranta, mutumin, maganin, adadin, hanyar, lokacin, matsalar ita ce yadda ake yin su. Kar ka ce "Baba kai ne wane ko?" Mutumin da zazzaɓi ya rufe ko kunnensa ya yi nauyi ko kawai kunyar musu yake ji zai ce eh. Ka ce "Baba faɗa min cikakken sunanka," sannan ka haɗa da lambar folda ko ranar haihuwa ko abin hannu mai ɗauke da sunansa. Lambar gado ba shaida ba ce, ana canza wa mutane gado da rana kai ka zo da dare. In akwai masu suna ɗaya a ɗaki a nesanta gadajensu a sa alama a katinsu. Karanta jikin kwalba lokacin ɗaukowa, lokacin zuƙa, da kafin ka jefar. Duk sirinjin da ya bar hannunka ko na minti ɗaya ne sai da rubutu a jikinsa, wanda ka tsinta ba rubutu kuma ka jefar ko wa ya ce ya san abin da ke ciki. Maganin sha na ruwa kar a zuƙa shi a sirinjin allura, akwai sirinjin baki da bakinsa ba ya shiga kanula. Kuma ba a sa hannu a kati sai bayan an bayar, ba kafin ba.

Magunguna masu haɗari, insulin, hefarin, mofin da danginsa, fotasiyom, magniziyom, maganin daji, masu shanye tsoka, su ake yi wa duba na biyu. Amma fa na gaskiya, ba ka ɗaga sirinji daga nesa ka ce "sista mil biyu ne ko?" ta ce eh tana danna waya ba. Miƙa mata katin da kwalbar ka yi shiru, ta yi nata lissafin, sannan ku gwada. Kar kuma a ce komai sai an yi masa duba biyu, in ya yi yawa sai ya koma sa hannu kawai. Maganar katsewa ma ba ƙarama ba ce, mai haɗa magani a bar shi ya gama sai in gaggawa ce, wasu asibitocin har riga ta musamman suke sa masa don a san ba a yi masa magana. In an katse ka dole, ka koma farko.

Ranar kwantarwa da ranar sallama da ranar canza ɗaki, waɗannan su ne mashigar da magani ke ɓacewa ko ya ninku. A tambayi mutum duk abin da yake sha a gida, a ce a kawo kwalayen a gani da ido, har da na ganye da ƙarin sinadarai da ɗigon ido da abin shaƙa, don da yawa ba sa ɗaukarsu a matsayin magani. Tambayar maganin da bai karɓe shi ba kuma kar a tsaya a eh ko a'a, a tambayi me ya faru da ya sha, ƙuraje ne, kumburin fuska ne, ko tashin zuciya ne kawai. Sannan a tuna Augmentin ma fenisilin ne a ciki, sunan kamfani ya sha ɓoye wannan. Ranar sallama a ba shi takarda ɗaya da ke nuna wanda zai ci gaba da sha, wanda aka canza, da wanda aka dakatar, a ce ya maimaita da bakinsa, in ba haka ba zai je gida ya haɗa tsohon maganin hawan jini da sabon.

Majiyyaci da mai jinyarsa su ma shinge ne. In dattijuwa ta ce "'yar nan, jiya ƙwayar fara ce, yau na ga ja," ka tsaya ka koma kati. Sau da yawa kamfani ne kawai aka canza, amma ranar da ba haka ba ne ita ce ta cece ku ku duka. Ka ƙarfafa musu su dinga tambayar sunan maganin da amfaninsa, kar ka ɗaure fuska in sun tambaya.

Saura aikin shugabanni, wanda in ba a yi shi ba fom ɗin zai koma tarin takardu a kabad. Duk wanda ya kai rahoto a dawo masa da amsa cikin 'yan makonni, ga abin da aka gano ga abin da aka canza. A sauƙaƙa fom ɗin ya zama na minti biyar, a ajiye shi inda hannu zai kai da tsakar dare, a bar ƙofar kai rahoto ba tare da suna ba ga mai tsoro. Sau ɗaya a wata a ɗauki rahoto ɗaya ko biyu, a cire sunaye, a tattauna a wajen miƙa duti na minti goma. In rahotanni suka ƙaru bayan an fara haka kar shugaba ya tayar da hankali, ba kurakuran ne suka ƙaru ba, bakin mutane ne ya buɗe, ɗakin da ya shekara bai kawo ko ɗaya ba shi ya kamata a leƙa. Bayan wata uku da yin kowane gyara a koma a duba ko ya zauna: a ɗebo katunan magani ashirin a ƙirga nawa ne har yanzu aka rubuta U a ciki, a buɗe aljihun tiroli a ga ko kwalbar fotasiyom ta sake lallaɓowa ta dawo.